Lana, Shikra ko Haris: Wane Shaho Ya Dace da Mai Fara Farauta a Bauchi da Gombe?

Wanda ya ƙudurta koyon farauta da shaho a ƙasar Bauchi ko Gombe, zaɓinsa bai wuce tsuntsaye uku ba. Akwai lana, shaho mai dogon fiffike da ke sheƙa a kan duwatsunmu, wanda masana ke kira Falco biarmicus. Akwai shikra, ɗan ƙaramin shahon nan mai launin toka da ke laɓewa cikin darbejiya yana kama ƙadangare, sunansa a takarda Accipiter badius. Sai na ukun, baƙo daga nahiyar Amurka, shahon Haris, wato Parabuteo unicinctus, wanda yawancin masu koyo a Ingila da shi suke farawa. Riƙe waɗannan sunaye na kimiyya, domin su za a nema a kowace takardar izini. Shirwa ba ta cikin lissafi. Tana sabawa da mutum, amma ƙafarta ba ta da ƙarfin riƙo, kuma hankalinta ya fi karkata ga mushe da tsince-tsince.

Kafin a zo kan halin kowane tsuntsu, sai an fara da doka, don ita ce ke yanke rabin shawarar. A Amurka lasisin wannan wasa hawa uku ne. Mai koyo zai iya farawa daga shekara 12, sai ya ci kashi 80 cikin 100 a jarrabawa, jami'ai su zo su duba ɗakin tsuntsun da kayan aiki, sannan ya yi shekara 2 a ƙarƙashin wani gwani kafin ya hau mataki na biyu. Mataki na uku sai bayan ƙarin shekara 5. A Ingila ba a neman lasisin wasan kansa, amma tsuntsun dole ya zama wanda aka ƙyanƙyashe a hannun masu kiwo, da shaidarsa. A nan gida, abin da ya shafe ka shi ne dokokin namun daji: dokar namun daji ta Arewa ta 1963 wadda jihohi suka gada, da dokar tarayya ta 1985 mai kare dabbobin da ke cikin haɗarin ƙarewa, wadda aka yi wa gyara a 2016 aka tsananta hukunci. Shaho da danginsa suna cikin tsuntsayen da dokar tarayyar ta ba kariya. Ga kuma yarjejeniyar CITES ta 1973 kan cinikin namun daji tsakanin ƙasashe, da Najeriya ta sa wa hannu, wadda ta sanya duka ukun nan a rukuninta na biyu, ma'ana ba sa ƙetare iyakar ƙasa sai da takarda. Ma'aikatar Muhalli ta Tarayya ce ke ba da takardun CITES, hukumar NESREA kuma ita ke kamen masu karya dokar.

Abin da wannan ke nufi a aikace shi ne, ɗan shahon da yara suka ɗebo daga sheƙa, ko wanda ka gani an ɗaure masa ƙafa da tsumma a kasuwa, ba hanya ba ce. Ka je sashen kula da namun daji na ma'aikatar muhalli ta jiharka tun ba ka da tsuntsu, da rubutacciyar buƙata mai ɗauke da sunan kimiyya na tsuntsun, da inda zai fito, da hoton ɗakin da ka gina masa, da wurin da za ka riƙa farauta. Kada ka karɓi izinin baki. Ka kuma tambayi izinin farautar abin da shahon zai kama, don riƙe tsuntsu daban, farauta da shi daban. Gandun dajin Yankari, da aka keɓe tun 1956, da na Lame-Burra da na Sumu, duk ba wuraren sakin shaho ba ne, har da gefunansu, saboda tsuntsu bai san iyaka ba, in ya bi makwarwa ya faɗa ciki kai za a tambaya.

Ta fuskar takarda, Haris ya fi sauran tsabta, ya kuma fi su tsada. Babu shi a dajin Afirka, saboda haka duk wanda ka gani a nan kiwo ne, ba wanda zai zarge ka da ɗauko shi daga dutse. Sai dai shigo da shi na buƙatar takardar fitarwa ta CITES daga ƙasar da aka saye shi, da amincewar Ma'aikatar Muhalli a nan, da izinin shigo da dabba daga sashen likitocin dabbobi na tarayya, da shaidar lafiya musamman kan murar tsuntsaye, sannan jami'an NAQS, hukumar da ke tantance lafiyar dabbobi da tsirran da ake shigowa da su, su duba shi a filin jirgi. Kuɗin jigila da takardu kan ninka kuɗin tsuntsun. Lana ma ana kiwonsa a Turai da Afirka ta Kudu, hanyar shigo da shi ɗaya ce, amma da yake akwai irinsa a dajinmu, sai ka tabbata yana da rufaffen zobe a ƙafa, irin wanda ake zura wa ɗan tsuntsu yana da kwanaki kaɗan ya kasa fita in ya girma, kuma lambar zoben ta dace da ta takarda. Shikra kuwa ba a cika kiwonsa ba, don haka samun mai cikakkiyar shaida shi ne mafi wuya.

Yanzu nauyi, wanda shi ne ginshiƙin wannan sana'a gaba ɗaya. Shaho ba ya dawowa hannu don ƙauna, yana dawowa ne don ya san akwai abinci kuma yana jin marmarinsa. In ya ƙoshi ya tafi abinsa, in ya rame ya kasa tashi. Tsakanin biyun akwai wani nauyi da yake da ƙarfi kuma yake saurare, shi kake nema kullum da sikeli. Macen lana tana kai giram 700 zuwa 900, namiji 500 zuwa 600. Macen Haris 800 zuwa 1,200, namiji 550 zuwa 850. Shikra namiji bai cika wuce giram 150 ba, mace da kyar ta kai 250. A dukkansu mace ce babba.

Dubi abin da wannan bambanci ke jawowa. In ka yi kuskuren giram 20 a kan macen Haris, abin da za ka gani kawai ta yi nawar sauka daga bishiya, gobe ka gyara. Giram 20 ɗin nan a jikin namijin shikra ya haura kashi 10 cikin 100 na nauyinsa. Ka kwana da shi lafiya, da asuba ka same shi a ƙasa, gashi a tashe, ido a lumshe, jiki na karkarwa saboda sukarin jininsa ya faɗi, kuma sau da yawa kafin a kai ga likita ya tafi. Daren hunturu ya fi haɗari, don sanyin Disamba da Janairu a wajen Toro ko Dass na cinye abin da ɗan tsuntsu ya ci tun kafin gari ya waye. Shikra na cin kusan kashi ɗaya cikin huɗu ko biyar na nauyinsa a yini, a raba sau biyu, kuma ana auna shi safe da yamma da sikelin da ke nuna giram ɗaya ɗaya. Wannan kaɗai ya isa a ce shikra ba tsuntsun mai koyo ba ne, duk da shi ne ya fi jan hankalin matasa saboda ƙanƙantarsa da ganin kamar ba zai ci kuɗi ba. A Indiya da Pakistan an daɗe ana farauta da shi, ana riƙe shi a tafin hannu a jefa shi kan tsuntsu, kuma gwani kan hore shi cikin mako biyu. Amma da saurin da ya saba da saurin yake mantawa. Kwana biyu ba ka ɗauke shi ba, ya koma ɗan daji, yana fizge-fizge yana karya gashin jela.

Ko wane ka zaɓa, ana auna shi lokaci guda kullum, kafin ya ci, bayan ya amayar da curin gashi da ƙashin da ya haɗiya jiya. A rubuta a littafi: nauyi, abin da ya ci da giram nawa, yadda ya amsa kira. A haɗa da taɓa ƙashin ƙirji da yatsa. In ƙashin ya fito da kaifi, naman gefensa ya zube, to tsuntsun ya yi ƙasa ko me sikeli ya ce. Sabon tsuntsu ana rage masa a hankali cikin kwanaki, abin da bai wuce kusan kashi 10 cikin 100 na nauyin da ya zo da shi ba, kuma da zarar ya fara amsawa sai a riƙa ƙara masa kaɗan kaɗan. Kuskuren da ya fi yawa shi ne a ga tsuntsu na tsoro a ɗauka ƙoshi ne, a ci gaba da hana shi abinci, alhali abin da ya rasa sabo ne.

Tsakanin lana da Haris, fili ne alƙali. Lana tsuntsun sarari ne. Yana hawa sama ya yi ta kewaya a kanka, ka tayar masa da makwarwa ko salwa, ya kifo da kai ya buge ta da ƙafa. Wannan na buƙatar fili buɗaɗɗe da za ka iya hangen kilomita guda ba abin da ya tare maka ido, irin gonakin gero da dawa bayan girbi a Azare, Misau, Gamawa, Dukku ko Nafada. A wuri mai itatuwa da kwazazzabai, abin farautar zai shige duhu kafin shahon ya sauko, in abin ya maimaitu sai ya daina sa rai, ya koma jiran abincin hannunka kawai. Lana ya yi suna da wannan wayon. Haris kuwa ɗan bi ne. A dajinsa na asali a Arizona da Texas da Meziko har zuwa Ajantina, farauta yake yi cikin ƙungiya, shi ya sa yake ɗaukar mutum abokin aiki. Kana tafe kana bugun ciyawa da sanda, yana bin ka daga bishiya zuwa bishiya, zomo ko kurege ya fito ya far masa. Ƙasar duwatsu da itatuwa irin ta Dass, Tafawa Balewa, Kaltungo, Billiri da Tula ta fi dacewa da shi, haka ma bakin fadama da gonakin rani. Macen Haris tana riƙe zomo da gafiya da zabon daji, namiji ya fi dacewa da makwarwa da kurege. Tsuntsayen da ke tashi da sauri a sarari, irin su kurciya da hasbiya, sun fi ƙarfin Haris, nan lana ke nuna kansa.

Akwai abu biyu game da Haris da masu sayar da shi ba sa yawan faɗa. Na farko, ba ya bambanta zabon daji da kazar maƙwabci, kuma in ya ɗanɗana kaza sau ɗaya, duk ranar da ya ji kukan zakara can zai nufa. A ƙauyukanmu da kaji ke yawo ko'ina, sai ka nisanci gidaje da rugage da aƙalla kilomita guda, ka kuma nemi yardar mai gona da mai unguwa tun farko. Na biyu, yana son zama a kan abu mafi tsawo, kuma turken lantarki mai taransifoma ya hallaka irinsa da yawa. Kada ka sake shi inda wayoyi suka ratsa. Wajen saye kuma, ka nemi wanda iyayensa suka rene shi har ya kai wata huɗu zuwa biyar. Wanda aka ciyar da hannu tun yana tsako zai ɗauke ka uwa, ya yi ta ihu daga asuba har magariba, in ya balaga ya fara kai wa fuska da hannu farmaki.

Matsalar lana ta daban ce, ɓata. Da rana ta ɗaga, iska mai zafi na tashi daga ƙasa, shi kuma yana son ya shimfiɗa fiffike ta ɗauke shi sama har ya zama ɗigo, iska ta tura shi nesa. Don haka ana sakinsa da sassafe kafin ƙarfe 9, ko bayan la'asar. Ranar da ƙurar hunturu ta rufe gari ba a sakinsa sam, kai ba ka ganinsa, shi ma ba ya ganinka. Ba a tashin lana babu na'urar bin sawu, ta rediyo ko ta GPS, ɗaure a ƙafa ko a gindin jela, kuma nauyinta kada ya haura kashi 3 cikin 100 na nauyin tsuntsun. A gwada batir kafin kowace fita. Haris ma yana buƙatarta, amma da yake kusa yake zama, ƙararrawa a jela kan wadatar wajen gano shi cikin ciyawa. Ta ɓangaren zafi, duka biyun 'yan ƙasar zafi ne, sai dai bazarar Maris da Afrilu da kan kai digiri 40 ba ta ƙyale kowa. Tsuntsun da ya buɗe baki yana haki, fiffike a sake, a mayar da shi inuwa a fesa masa ruwa a ƙafa da ƙirji.

Horon farko iri ɗaya ne. Ka ɗora shi a hannun hagu mai safar fata a ɗaki mai ƙarancin haske, awa guda ko biyu kullum, har ya yarda ya sunkuya ya ci nama a hannunka. Sunkuyar nan babbar alama ce, don shaho ba ya ba abin da yake tsoro ƙeya. Daga nan ya tako hannu, ya yi tsalle taƙi ɗaya, sai a fita waje da doguwar igiya mara nauyi mai mita 25 zuwa 50 a fili mai gajeriyar ciyawa. Kira uku ko huɗu a yini sun isa. Ranar da ya taso nan take daga ƙarshen igiya, kwana uku a jere, a wurare daban daban, ya isa saki. Haris kan kai wannan cikin mako 3 zuwa 4. Lana kan ɗauki 4 zuwa 6, don akwai ƙarin darasi biyu: sabo da hular rufe ido, da fiffiken kira, wato fiffike biyu na tsuntsu da aka ɗinke a jikin ɗan matashin fata da igiya mai mita 2, ana ɗaura nama a kai ana juya shi a iska. Juya fiffiken nan fasaha ce da ba a koyonta daga karatu. In ka makara wajen janyewa ya buge shi da ƙarfi ya ji ciwo, in ka riƙa janyewa da wuri ya gaji ya bar ka. Wannan ne babban dalilin da ya sa ba na ba kowa shawarar lana sai yana da wanda zai tsaya a gefensa.

Kayan aiki yawancinsu baduku mai hannu zai yi maka. Fatar akuya da aka jeme da kyau tana yin maɗaurin ƙafa, a shafe ta da mai don kada iskar hunturu ta busar da ita ta tsage, a kuma duba ta kowane mako. Safar hannu ninki biyu ga Haris, ɗaya ga lana. Hula kuwa sai an auna kan tsuntsun, domin in ta taɓa ido za ka ga danshi a cikinta, kuma daga ranar ya tsane ta. Abu ɗaya da ba a sassauci a kansa shi ne majuyin da ke haɗa maɗauri da igiya: a sayi na bakin ƙarfe mara tsatsa da aka yi don wannan aiki. Shahon da ya tsinke ya gudu da igiya a ƙafa, a reshe zai maƙale ya mutu a rataye. Don haka ma lokacin farauta ake canza masa maɗauri zuwa wanda ba shi da tsagar da za ta iya maƙalewa a reshe. Lana na zama a turke mai faffaɗan kai, Haris da shikra a mazauni mai siffar baka. A lulluɓe saman da ciyawar roba, saboda lana na saurin kamuwa da kumburin tafin ƙafa in yana zama a kan abu mai santsi da tauri, ciwon da ke farawa da ɗan jan tabo ya ƙare da tiyata.

Ɗaki kada ya gaza mita 2.5 kowane gefe, in za a saki Haris a ciki ba ɗauri a kai shi mita 3 zuwa 4. Taga da sanduna a tsaye, ba ragar kaji ba, don raga na yanke saman baki ta kakkarya gashi. Rufin kwano zalla tanda ne a bazara, a ɗora masa ciyawa ko a gina a ƙarƙashin inuwa. Daɓe na tsakuwa ko yashi mai kauri. Kada a shimfiɗa ƙaiƙayi, harawa ko ɗusar katako, domin da danshin damina suna tsirar da funfunar da ke shiga huhu, cutar da ba a cika gane ta ba sai tsuntsu ya fara numfashi da kyar, lokacin kuma magani ya yi wuya. A toshe duk kafar da muzuru, tunku ko maciji zai bi, a sa ragar sauro daga waje, a ajiye faffaɗan kwano mai zurfin santimita 8 zuwa 10 na wanka.

Abinci shi ne inda yanayinmu ya fi gwada mutum. Shaho na bukatar dabba sukutum, da ƙashi da gashi da kayan ciki. Tsokar shanu zalla na barin ƙashinsa ya yi laushi saboda rashin sinadarin kalsiyam. Macen lana na cin kimanin giram 80 zuwa 100 a yini, macen Haris kusan haka duk da ta fi ta girma. In babu firiza mai sola, kada ka dogara da daskararren nama, wanda ya narke ya sake daskarewa guba ne. Mafita ita ce kiwon salwa da fararen ɓeraye a gida, nesa da ɗakin shahon, a haɗa da 'yan tsaki masu kwana ɗaya daga amintacciyar gona. Tantabara na ɗauke da ƙwayar da ke sa farin ƙurji mai kama da cuku a baki da maƙogwaro, saboda haka in dole ne a cire kai da wuya a daskarar da sauran. Matacciyar kaza daga kasuwa haramiyarsa ce, murar tsuntsaye da ta fara ɓulla a Najeriya a 2006 tana kashe shaho cikin kwana biyu ko uku. Haka ɓeran gida da wataƙila ya ci magani, da tsuntsun da aka harba da harsashin dalma, da jan baki a yankin da aka yi feshi.

Ga Musulmi, aya ta 4 a Suratul Ma'ida ta halatta abin da horarren mafarauci ya kama in an ambaci sunan Allah wajen sakinsa, wanda aka tarar da rai kuma a yanka shi. Ka riƙe wuƙa mai kaifi a jaka, ka isa wurin da sauri.

To wanne? In kana da aikin ofis ko kasuwa, lokacinka bai wuce awa biyu a yini ba, ƙasarku mai itatuwa ce, kuma aljihunka zai ɗauki shigo da shi, Haris ne, kuma namiji ya fi sauƙin sarrafawa ga sabon hannu. Ka sani yana iya rayuwa shekara 20 ko fiye a hannun mutum, kuma ba a sakinsa daji in an gaji da shi. In kana arewacin Bauchi ko arewacin Gombe inda fili ya buɗe, kana iya fita kwana biyar a mako daga kaka zuwa ƙarshen hunturu, kana da na'urar bin sawu da gwanin da zai koya maka juya fiffike, to macen lana mai zobe da takarda. Shikra a bar shi sai tsuntsu na biyu ko na uku. Wanda kuma bai samu izini a rubuce ba, ko bai gano likitan dabbobin da ya yarda zai duba shaho ba, ya yi amfani da wannan shekarar wajen gina ɗaki, fara kiwon salwa, da koyon ɗaure igiya a turke da hannu ɗaya, tunda ɗayan hannun tsuntsu ne zai kasance a kai.